Daga gaban alƙali zuwa dandalin wasa: tafiyar Metir Dupond-Moretti

A watan Fabrairu na shekarar 2025, a wani gidan wasan kwaikwayo na birnin Paris mai suna Marigny, mutane sun yi ta yankan tikiti domin su zauna su saurari mutum guda yana magana shi kaɗai a bisa dandamali. Mutumin kuwa shi ne Éric Dupond-Moretti, lauyan da ya share shekara 35 yana kare waɗanda ake tuhuma da manyan laifuffuka, kafin ya riƙe muƙamin ministan shari'a na Faransa daga 2020 zuwa 2024. Sunan wasan «J'ai dit oui», wato «na amsa», ma'ana amsar da ya bai wa shugaba Emmanuel Macron ranar da aka yi masa tayin kujerar minista.

Labarin ya cancanci a tsaya a kansa a wannan fili, domin tsarin shari'ar Nijar daga na Faransa aka gado shi. Baƙar rigar lauya iri ɗaya ce, laƙabin «Metir» iri ɗaya ne, kuma abin da ya zama yayi a kotunan Paris ba ya daɗewa sai an ga alamarsa a wasu wurare. Tambayar da tafiyar wannan mutum ta haifar ita ce: idan mai kare wanda ake tuhuma ya zama tauraro, wa ke cin ribar tafin da ake yi masa, wa kuma ke biyan kuɗinsa?

Sai an san yadda ake shari'ar manyan laifuffuka a Faransa kafin a gane abin da ya sa tsallakawar ba ta yi masa wuya ba. Kotun da ke hukunta kisan kai da makamantansa, wadda ake kira cour d'assises, ta ƙunshi alƙalai 3 da mutanen gari 6 waɗanda ake cirowa ta hanyar ƙuri'a daga cikin kundin masu zaɓe. Idan an ɗaukaka ƙara, mutanen garin su koma 9. Waɗannan mutane, wani manomi ne, wata malamar makaranta, wani mai kanti, ba a ba su dosiyen su karanta. Abin da suka ji da kunnensu a zauren shari'a, da shi za su yanke hukunci, kuma tambayar da doka ta ɗora musu a ƙarshe ita ce ko zuciyarsu ta gamsu. Bayan an gama jin shaidu, lauyan waɗanda aka cuta ya yi magana, alƙali mai shigar da ƙara ya faɗi hukuncin da yake nema, sannan lauyan wanda ake tuhuma ya miƙe. Shi da mutumin da yake karewa ne doka ta bar wa maganar ƙarshe. A irin wannan zaure, murya da tsayuwa da sanin inda za a yi shiru duk kayan aiki ne, kamar yadda suke ga ɗan wasa.

Sai dai Dupond-Moretti bai fara da fitila a kansa ba. An haife shi a 1961 a Maubeuge, wani garin masana'antu da ke arewacin Faransa kusa da iyakar Beljik. Mahaifinsa, ma'aikacin ƙarfe, ya rasu yana ɗan shekara 4. Mahaifiyarsa, wadda asalinta daga Italiya ne, da aikin shara da goge-goge ta raine shi. Domin ya biya kuɗin karatu ya yi birkila, ya yi sabis a gidajen abinci, har haƙar kabari ya yi. Shi da kansa ya sha faɗin cewa fille kan wani saurayi mai suna Christian Ranucci a Marseille, a watan Yuli na 1976, yana cikin abubuwan da suka sa shi ƙudurin zama lauya. Ya yi rantsuwar kama aiki a Douai a ƙarshen 1984, ya zauna a Lille, ya fara da irin shari'o'in da ake ɗora wa sababbin lauyoyi, na talakawan da ba su da abin ɗaukar mai kare su. Shekara 20 ya yi yana zagaya kotunan larduna kafin galibin Faransawa su san fuskarsa.

Abin da ya fito da shi shi ne shari'ar Outreau. A 2004, a kotun Saint-Omer, aka gurfanar da mutum 17 bisa zargin lalata da ƙananan yara. Shi ya kare wata mata mai sayar da burodi, kuma tana cikin mutum 7 da aka wanke a wannan zaman. A watan Disamba na 2005 kotun ɗaukaka ƙara ta Paris ta wanke wasu 6. Jimilla mutum 13 ke nan da ba su aikata kome ba, wasunsu sun yi fiye da shekara 2 a gidan kaso suna jiran shari'a, wani kuma ya mutu a tsare tun kafin a kai ga zaman kotu. Abin ya girgiza ƙasar har shugaba Jacques Chirac ya nemi gafararsu, majalisar dokoki kuma ta kafa kwamitin bincike, aka riƙa watsa zamansa a telebijin a 2006. A nan ne mutanen Faransa suka ga wani ƙaton lauya mai kakkausar murya yana caccakar alƙali mai bincike ba tare da shakka ba. Daga nan sai laƙabi ya biyo baya, «Acquittator», wanda aka ƙera daga kalmar Faransanci ta wanke mutum daga zargi, domin an lissafa masa fiye da mutum 140 da ya fitar daga bakin hukunci.

Suna kuwa linzami ne. Waɗanda suka biyo layi a ofishinsa bayan haka ba masu sayar da burodi ba ne: ɗan ƙwallo Karim Benzema, tsohon ministan kasafin kuɗi Jérôme Cahuzac, magajin gari Patrick Balkany, har da sarki Mohammed VI na Maroko. A 2012 ya fitar da littafi a kan aikinsa. A 2016 ya mayar da ofishinsa Paris. A 2017 Claude Lelouch ya sa shi a fim ɗinsa «Chacun sa vie», abin dariya kuma, mutumin da ya yi suna wajen faɗa da alƙalai, rigar shugaban kotu aka ba shi ya sa. A farkon 2019 ya hau dandamalin gidan wasa na Madeleine shi kaɗai, da wasan «À la barre», yana ba da labarin rayuwarsa da shari'o'insa, ya kuma zagaya da shi garuruwa. A cikin shekarar ne aka fito da fim ɗin «Une intime conviction», inda ɗan wasa Olivier Gourmet ya fito a matsayinsa. A tsakiyar 2020 gidan rediyon Europe 1 ya ba da sanarwar cewa zai ba shi fili na kansa kowace safiya. Lauyan ya zama marubuci, ya zama ɗan wasa, saura ƙiris ya zama ɗan jarida.

Ba shi ya fara bin wannan hanya ba. Shekara 11 kafin shi, a 2008, a wannan gidan wasa na Madeleine, Jacques Vergès ya tsaya shi ma shi kaɗai da wasan «Serial plaideur». Vergès, wanda ya rasu a 2013, shi ne ya mayar da jarida makamin lauya. A 1957, lokacin yaƙin ƙwatar ƴancin Aljeriya, kotun soja ta yanke wa Djamila Bouhired hukuncin kisa. Vergès ya ga babu abin da zai samu a gaban alƙalan da suka riga suka yanke shawara, sai ya kai maganar gaban duniya ta hanyar littafi da jaridu. Aka yi ta kiraye-kiraye daga ƙasashe, aka fasa kashe ta, a 1962 aka sake ta. Wannan rai guda ne da hayaniyar waje ta ceta, kuma duk mai sukar lauyoyin jarida dole ya sa shi a ma'auni. Amma a sa sauran ma. A 1987 Vergès ya kare Klaus Barbie a Lyon, ya mayar da zaman kotun wurin tuhumar Faransa a kan abin da ta aikata a ƙasashen da ta yi wa mulkin mallaka. Duniya ta ji Vergès, Barbie kuwa aka yi masa ɗaurin rai da rai. A 1994 an ɗaure Omar Raddad, ɗan Maroko mai aikin lambu, shekara 18 bisa zargin kashe uwar ɗakinsa. Gangamin da Vergès ya yi ya taimaka aka yi masa sassauci a 1996, ya fita a 1998, amma sassauci daban, wankewa daban.

A nan ne bambancin kotu da dandamali ya fito fili. A kotu, kowace kalma ta lauya tana da mai ja da ita. Idan ya yi ƙarin gishiri, mai shigar da ƙara zai buɗe shafin dosiye ya ƙaryata shi. Idan ya wuce gona da iri, shugaban kotu zai tsawata masa. Idan kuma ya yi kuskure, wani ne zai kwana a kaso shekara da shekaru. Wannan haɗari shi ne ya ba maganar lauya nauyi. A gidan wasa babu ko ɗaya daga cikin waɗannan. Shi ya zaɓi shari'o'in da zai tuna, shi ya zaɓi inda labari zai tsaya, waɗanda suka zo kuma sun biya kuɗi ne domin su ji daɗi. Alƙalin da ake yi wa ba'a ba ya wurin balle ya rama, iyalin mamacin ma ba su nan. Mutumin da aka kare, wanda rayuwarsa ce aka yi caca da ita, ya koma ɗan rakiya a labarin lauyansa.

Fim ɗin 2019 ya isa misali. An gina shi ne a kan shari'ar Jacques Viguier, malamin jami'a a Toulouse wanda matarsa ta ɓace a shekarar 2000, aka tuhume shi da kashe ta, aka wanke shi a 2009, aka sāke wanke shi a Albi a 2010 lokacin da Dupond-Moretti ya karɓi aikin. Domin labarin ya yi armashi, masu fim ɗin sun ƙirƙiro wata mata wadda babu ita a ainihin shari'ar, suka mayar da ita ginshiƙin labarin. Wannan halal ne a siliman. Amma ɗimbin masu kallo ta nan kaɗai suka san shari'ar, kuma matar da ta ɓace tana da ƴaƴa da dangi waɗanda abin ya zame musu tabon rayuwa. Jarin lauyan da ya shiga wasa, idan aka bi diddigi, masifar mutane ce, wadda suka damƙa masa a asirce a ranar da ba su da wata mafita. Doka ta ɗaure shi da riƙon sirrin aiki har bayan an gama shari'a, amma tsakanin abin da doka ta hana da abin da kunya ta hana akwai fili mai faɗi, kuma a cikinsa ake cinikin tikiti.

Duk da haka, adalci ne a faɗi ranar da sunan ya yi amfani. A watan Maris na 2012 Mohamed Merah ya kashe mutum 7 a Toulouse da Montauban, sojoji 3 da malami guda da yara 3 na wata makarantar Yahudawa, kafin ƴan sanda su harbe shi. A 2017 aka gurfanar da yayansa Abdelkader, Dupond-Moretti ya amsa zai kare shi. Ya sha zagi da barazana, musamman bayan ya tuna wa kotu cewa uwar Merah ita ma uwa ce da ta rasa ɗa. Washegarin hukunci ya je gidan rediyon France Inter, suka yi zazzafar muhawara da ɗan jarida Nicolas Demorand, ya tsaya kai da fata cewa kare mutumin da ƙasa duka ta tsana abin alfahari ne ga lauya. Lauyan da ba a sani ba ba zai samu wannan fili ba, kuma mutane masu ɗimbin yawa sun ji a ranar cewa ko wanda aka fi ƙi yana da haƙƙin a kare shi, hujja kuma ita ke ɗaure mutum. Abin lura shi ne rediyo bai sauya kome a kotu ba. A zaman farko an ɗaure Abdelkader Merah shekara 20, aka wanke shi daga haɗa baki a kisan. Da aka ɗaukaka ƙara a 2019, aka same shi da haɗa bakin, aka mayar da ɗaurin shekara 30.

Magana dai zarar bunu ce, kuma mai yawan fita telebijin yana tara wa kansa shaidu. A 2018 ya faɗa a gaban kyamara cewa ba zai taɓa karɓar muƙamin ministan shari'a ba. Ranar 6 ga Yuli 2020 aka naɗa shi a gwamnatin Jean Castex, filin Europe 1 ya sha ruwa. Babbar ƙungiyar alƙalai ta USM ta ɗauki naɗin tamkar shelar yaƙi a kansu, fursunonin gidan kaso na Fresnes kuwa da sowa suka tarbe shi a ziyararsa ta farko. Yana lauya ya yi tir da sababbin kotunan da aka fara gwadawa a 2019, waɗanda alƙalai 5 ke zama su kaɗai ba tare da mutanen gari ba, domin hukunta laifuffukan da ɗaurinsu ya kai shekara 15 ko 20. Yana minista, dokar da ya kai majalisa a ƙarshen 2021 ce ta game ƙasar duka da su daga watan Janairu na 2023. Wato mutumin da mutanen gari suka ɗaukaka da ƙuri'unsu a zauren shari'a, a hannunsa aka rage musu kujeru. Kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski.

Bai tsaya nan ba. Jim kaɗan da hawansa ya ba da umarnin binciken wasu alƙalai 4 waɗanda ya taɓa samun saɓani da su yana lauya. Ƙungiyoyin alƙalai suka kai ƙara cewa ya yi amfani da kujera domin ramuwa. A watan Nuwamba na 2023 ya zauna a benci na waɗanda ake tuhuma a gaban kotun da ke shari'ar ministoci, mai alƙalai 3 da ƴan majalisa 12, shi ne kuma minista na farko da aka yi wa haka yana kan muƙami. An nemi a yi masa ɗaurin talala na shekara guda. Ranar 29 ga watan kotun ta sallame shi, tana mai cewa rikicin muradi ya tabbata amma ba a nuna ya aikata da niyya ba. Alƙalan da ya sa a bincika su ma ba a hukunta ko ɗaya daga cikinsu ba. Wanzami ba ya son jarfa, amma ya ɗanɗana ta, da wasu lauyoyi a gefensa suna yi masa aikin da ya saba yi wa mutane. A ɗaya ɓangaren, magoya bayansa suna nuna cewa a zamaninsa kasafin kuɗin ma'aikatar shari'a ya ƙaru ƙwarai, har ya kai wajen Euro miliyan dubu 10 a 2024. Duk wannan tarihi ne ya kwasa zuwa Marigny, inda babu wanda zai miƙe ya ce bai yarda ba.

Akwai kuma wata ƙofa da ya buɗe wadda za ta daɗe bayansa. Tun 1954, bayan ƴan jarida sun mayar da shari'ar wani tsohon manomi, Gaston Dominici, tamkar kasuwa, Faransa ta hana shiga kotu da kyamara. A 1985 Robert Badinter ya sassauta domin a adana manyan shari'o'i na tarihi, aka fara da ta Barbie. Dokar Dupond-Moretti ta 2021 ta ba da damar ɗaukar zaman kotu a nuna wa jama'a, bisa sharaɗin ba za a watsa ba sai shari'ar ta ƙare ƙurmus, kuma tashar France 3 ta fara nuna irin wannan shiri a 2022. Sharaɗin yana da dalili. Amurka ta gwada ɗaya hanyar a 1995, lokacin da aka watsa shari'ar O. J. Simpson kai tsaye wata da watanni, ƙasa ta rabu biyu, lauyansa Johnnie Cochran kuma ya fito daga ciki da shirin telebijin na kansa.

To, mene ne rabon mai karatu a Maraɗi ko Damagaram ko Tawa a cikin wannan? Tun da aka buɗe fagen jaridu da rediyoyi masu zaman kansu a shekarun 1990, kunnen jama'a ya saba da jin lauya yana kiran taron manema labarai, a yau kuma ga WhatsApp da Facebook sun ƙara wa abin gudu. Ɗan kasuwar da ya samu matsala da duwan ko da abokin ciniki, ko ma'aikacin da aka zarga da ɓatan kuɗi a ma'aikatarsa, abin da danginsa ke fara tambaya shi ne wane lauya ne aka fi jin sunansa, a sayar da fili ko a karya jari a nufi Yamai, inda galibin lauyoyin ƙasar suke zaune. Tarihin Dupond-Moretti yana nuna cewa an juya lissafin. Mutanen Outreau ba su fita kaso domin lauyoyinsu sanannu ne ba. Sunan daga baya ya zo, bayan an zauna an tsefe dosiye shafi bayan shafi an gano inda maganganun masu zargi suka ci karo da juna. Wanda ya ɗauki lauya saboda suna kawai, yana biyan kuɗin nasarar da aka yi wa wani ne.

Tambayoyin da suka fi amfani ba su da ƙyalli. Shi da kansa zai karanta dosiyen, ko zai miƙa wa yaron ofis? Sau nawa zai je kaso ya ga mutumin? Zai nemi izininsa kafin ya kai maganarsa rediyo, tun da shi ne zai zauna da abin da aka faɗa a unguwa da kasuwa ko bayan an wanke shi? An rubuta kuɗin aikin a takarda an ba da rasit? Wani lokaci hayaniya ita ce kaɗai mafita, kamar yadda ta zame wa Djamila Bouhired, idan ƙofar kotu a rufe take tun farko. A shari'ar yau da kullum kuwa, sau da yawa abin da take jawowa shi ne a san sunan wanda ake tuhuma a gari duka kafin a san ko ya yi.

Abu na ƙarshe ya fi duk waɗannan gaggawa. Wata doka ta ƙungiyar UEMOA ta shekarar 2014 ta tanadi cewa lauya yana da damar tsayawa wa mutum tun daga lokacin da aka kama shi, a kwamisariya ko a jandarmeri, ba sai an kai shi gaban alƙali ba. A waɗannan sa'o'i na farko ne ake rubuta takardar bayanin da za ta bi mutum har ranar hukunci, a wani ƙaramin ofis inda babu ƴan kallo kuma babu kyamara. Duk wanda harkarsa ke haɗa shi da kuɗin jama'a ko da kan iyaka, ya kamata ya san tun yanzu lambar wane lauya iyalinsa za su kira a wannan dare, domin ba a fafe gora ranar tafiya.